Ranar da Na Kai Baturiyar Talabijin Bakin Teku

Najma

Ina idar da sallar asuba, biyar saura kwata, na bar ɗakinmu da ke unguwar Najma, a birnin Doha. Lokacin gasar kofin duniya ne, kamfanin da nake wa tuƙi ya haɗa ni da wata dattijuwa 'yar Sweden, Madam Karin, in kai ta bakin teku ɗaukar shiri. A ƙofar otal na same ta ita kaɗai, rungume da tsohuwar kyamara.

Wakra

Biyar da rabi muka tsaya shan shayi a garin Wakra, kofi riyal ɗaya. Hazo ya lulluɓe jiragen masunta, sai ka ce a sama suke shawagi. Nan ta ba ni labarinta. Shekara arba'in tana talabijin. Da sanar da shirye-shirye ta fara, daga baya ta riƙa zaga duniya tana ɗaukar rayuwar mutane, mijinta na riƙe mata kyamara.

"Korona ta ɗauke shi," in ji ta. "Tun ranar ban iya magana gaban kyamara ba. In yau ma na kasa, na bar aikin."

Bayan Misa'id

Inda kwalta ta ƙare, wajen kilomita hamsin daga Doha, wani Basudane ya rage mana iskar taya, ya ce, "Yalla!" wato mu tafi. Muka hau tuddan rairayi, motar na lilo kamar kwalekwale.

Bakin ruwa

Ƙarfe takwas muka isa inda teku ya shigo cikin hamada. Ta kafa kyamara, ta zauna, ta buɗe baki, shiru. Sau uku.

Na ce, "Madam, ni ma ina nan aka binne mahaifiyata a Funtuwa. Korona ta hana jirgi tashi."

Ta juyo gare ni, ta ce, "Malam Sabi'u, tsaya bayan kyamarar. Kada ka taɓa komai, ka dube ni kawai."

Na tsaya. Muryar ta fito a hankali, sannan ta miƙe. Ta yi ta magana da yarensu, har da dariya, ruwa na taɓa ƙafarta. Ni kuwa fuskar Inna nake gani bisa ruwan.

Komawa

Da la'asar na sauke ta, na iso Najma. Da na ba 'yan ɗakinmu labari, suka ce, "Me ta faɗa?"

Na ce ko kalma ban gane ba, amma dai mun yi wa juna ta'aziyya. Na gode wa Allah da Ya kai mu lafiya, Ya dawo da mu. Allah Ya jiƙan Inna.