Jan zaren da Ɗanjuma bai ɗinka ba

Shekara tara ke nan cif da muka kai Alhaji Ɗanjuma Baduku makwancinsa a nan Jidda. Duk shekara idan wannan wata ya kama nakan ce zan rubuta wani abu a kansa, sai in ɗauki biro in ajiye, don ba yadda zan ba da labarinsa ban tona wa kaina asiri ba. Bana na gaji da ɓoyo. Kaina ya yi furfura, waɗanda suka san abin da ya faru duk sun watse, saura ni kaɗai.

Ni Bahaushen Sudan ne, ina yaro aka kawo ni Jidda. Direba ne ni, ina da iƙama, wato takardar izinin zama, kuma kamfanin da nake ja wa bas shi ne kafilina, wato mai ɗaukar nauyin zamana a ƙasar. Ɗanjuma kuwa Basakkwace ne da ya zo umara ya zauna, kamar da yawa daga cikin 'yan uwanmu. Takarda ko ɗaya ba shi da ita, sai basilla da zare da hannu mai albarka. Yana da ɗan lungu a unguwar Mahjar inda yake gyaran takalma da jakunkuna. A nan muka saba, ranar da na kai masa takalmina ya juya shi gaba da baya ya ce, "Ya zol, wannan ai sutura yake buƙata, ba ɗinki ba." Tun daga ranar ban ƙara jin sunana na yanka a bakinsa ba. Zol yake ce mini, yadda mutanen Sudan ke kiran juna, ni kuma in ce masa Alhaji.

Ma'aikatan kamfaninmu, yawancinsu 'yan Filifin, suna da ƙungiyar besbol. Wasa ne da ake jefa wa mutum ƙwallo ya doke ta da kulki, ya ruga ya zagaye kusurwa huɗu kafin a cafke ta a mayar. Masu cafkar suna sa wata ƙatuwar safar hannu ta fata. Kowace Juma'a da la'asar ni nake kai su wani fili a bayan gari, su kara da ƙungiyoyin wasu kamfanoni. Wata rana safar ɗayansu ta yage, na karɓa na kai wa Alhaji. Ya shafe ta da man kaɗanya, ya daɗe yana bin ɗinkin da yatsa, sannan ya ce wanda ya yi wannan aiki baduku ne na gaske, kuma yana so ya ga abin da ake yi da ita. Juma'ar da ta biyo baya na ɗauke shi. Shi ke nan, na jawo wa kaina.

Ni dai ban taɓa gane kan wasan ba. Ina sauke su sai in kwantar da kujera in sha barcina. Alhaji kuwa cikin wata biyu ya fara yi wa alƙalin wasa gyara. Turanci bai iya ba, amma in ya miƙe yana ihu da Hausa da guntun Larabci, "Yalla, ruga mana, ɗan banza!" har masu tumbin cikinsu sai sun ruga. Duk safar da ke ƙungiyar sai da ta bi ta hannunsa. Suka ba shi hularsu shuɗiya, shi kuma ya raɗa musu suna 'Yan Shuɗi.

Bai iya rubutu ba, saboda haka ya ƙirƙiro nasa littafin tarihi. Wata doguwar jar fata ce, faɗinta yatsa uku. Duk kakar wasa idan ta ƙare sai ya ɗinka layi ɗaya a jikinta. Baƙin zare, ba a kai zagayen sili-ɗaya-ƙwale ba. Fari, an kai amma an koro su a wasan farko. Kore, an je wasan kusa da na ƙarshe. Ja kuwa na kofi ne. Tun shekarar farko ya sayi jan zaren, ya nannaɗe shi a guntun kwali yana yawo da shi a aljihu. Nakan ce masa, Alhaji, zaren nan zai ruɓe kafin mutanenka su tsinana wani abu. Sai ya ce in je in yi barcina.

Fatar tana gabana yanzu da nake wannan rubutu. Layi biyu na farko baƙaƙe ne. Na uku fari, shekarar da suka fara shiga sili-ɗaya-ƙwale aka yi musu dukan kawo wuƙa, Alhaji ya ƙi cin abinci sai washegari. Na huɗu baƙi, domin kwantiragin gwaninsu na jifa ya ƙare a tsakiyar kaka, aka kai shi filin jirgi. Na biyar kore ne, kuma shi ya fi ci masa rai: saura ƙiris su kai wasan ƙarshe, ƙwallo ta faɗo tsakiyar safar wani ta zame. Alhaji ya tafi da safar gida ya yi mako guda yana bincikenta, sai da ya tabbatar laifin hannun mai ita ne, ba na ɗinkinsa ba. Fari, fari, sannan kore. Bayan wannan koren akwai gurbi da ba komai a cikinsa. Saboda gurbin nan nake wannan rubutu.

A kaka ta tara 'Yan Shuɗi suka kai wasan ƙarshe, kuma aka ce a garin Yanbu, can nesa da Jidda, za a buga. Wanda bai zauna a ƙasar nan ba, ba zai gane nauyin wannan magana ba. A cikin Jidda mara takarda yakan lallaɓa ya yi shekaru, ya san lungun da zai bi da wanda zai kauce wa. Babbar hanya kuwa akwai shingen bincike. In aka kama shi, sai tsarewa da mayarwa gida. In aka kama direban da ya ɗauko shi, iƙamarsa na iya tafiya, a tasa ƙeyarsa shi ma. 'Ya'yana huɗu duk a Jidda aka haife su, ba wanda ya taɓa ganin Sudan.

Kyaftin ɗin ƙungiyar ya ce a sa wa Alhaji rigarsu ya zauna a tsakiyarsu, ba mai dubawa. Alhaji ya dube ni ya ce, "Ya zol, in akwai mushkila ka faɗa mini, halas, shi ke nan, in haƙura." Ya buɗe mini ƙofar janyewa da kansa. Da na ce masa ina tsoro, wallahi da ya fahimta. Amma kunya ta hana ni, na bugi ƙirji na ce ya jira ni bayan sallar asuba a gaban gidan burodin tamis da ke bakin titinsu.

Ba wanda ya zuga ni. Matata ba ta ma san da maganar ba. Na kwaso 'yan wasa, na biyo ta Mahjar gari ya fara wayewa, na hango shi tun daga nesa: farar jallabiya sabuwa, shuɗiyar hula, jakar kayan ɗinki a kafaɗa. Na rage gudu, har na kunna sigina. Sai fuskokin yarana suka faɗo mini a rai, ƙafata ta koma kan totur. A madubi na ga ya ɗaga jakar sama, yana zaton ban gan shi ba. Da kyaftin ya tambaya daga baya, na ce masa Alhaji ba shi da lafiya.

Da muka isa shingen, askarin da ke wurin ko kai bai ɗago ba, hannu kawai ya kaɗa mana. Haka a dawowa. Na sha gaya wa kaina cewa ban san haka za ta kasance ba, kuma gaskiya ne, amma bai taɓa sanyaya mini rai ba.

Sun ci kofin. Ranar ban yi barci a mota ba, na tsaya a rana na kalli wasan daga farko har ƙarshe don in sami abin da zan kawo masa. Na ga mutane suna gudu, na ga suna rungumar juna, na ga kyaftin yana kuka.

Kwana uku ina kauce wa Mahjar. A na huɗu na je. Na shirya ƙarya iri-iri, bai ba ni damar faɗin ko ɗaya ba. Ya jawo mini kujera, ya zuba mini shayi, ya ce, "Zauna ka ba ni labari tun daga jifan farko." Na fara kame-kame. Ya ce, "To a zagaye na bakwai wa ya yi jifa? Mai hagun nan ne, ko sun canza shi?" Na ce ban sani ba. Ya ce, "Safar da na gyara masa fa, ta riƙe?" Na ce ban lura ba. A nan na ga fuskarsa ta canza. Wucewar da na yi masa ya haɗiye ta, amma a ce wanda ya je bai iya kawo masa ko labarin ba, wannan ya taɓa shi. Ya ci gaba da ɗinkin takalmin da ke cinyarsa.

Na tambaye shi ko ya ɗinka jan. Ya ce, "Ba na ɗinka abin da idona bai gani ba. Baɗi in Allah ya kai mu."

Baɗin ba ta zo ba. Rabin 'yan wasan suka koma ƙasarsu, layi biyu na ƙarshe a fatar duk baƙaƙe ne. Bai daina bina fili ba, bai daina zolayata ba, kuma ko sau ɗaya bai ambaci wancan asubahin ba. Ni ma ban ambata ba, ina jiran ranar da za ta dace. Ciwon ƙirji ya kama shi, ya yi ta daurewa da jiƙe-jiƙe saboda tsoron a tambaye shi takarda, kafin mu ankara ya yi nisa. Na yi shekara biyu ina zama kusa da shi kowace Juma'a, ban iya buɗe baki na ce ya yafe mini ba.

Nakan tambayi kaina me zai ce da ya ga Jiddar yau. Filin da ya yi ta ihu a cikinsa ya zama rumbunan ajiyar kaya. Ƙungiyar ta mutu, sababbin ma'aikatan wani wasa ne daban suke bugawa, wai shi kurket. Yawancin maƙwabtansa sun tashi, wasu rusau ya kore su, wasu sun koma gida. Safar hannu in ta yage yanzu jefar da ita ake yi, a latsa waya a kawo sabuwa har ƙofar gida, kuma na san wannan ne zai fi ba shi haushi. Amma da ya ga ana kallon manyan ƙungiyoyin duniya a tafin hannu, na rantse da takalman mutane sun yi wata guda a lungunsa ba a taɓa su ba. Sudan kuwa da nake tsoron a mayar da ni, kowa ya ga halin da ta shiga. 'Ya'yana suna nan lafiya, biyu sun yi aure. Wani lokaci nakan ce na yi daidai. Amma laifina ba tsoro ba ne, kowa a ƙasar nan yana da nasa. Laifina shi ne na bar dattijo a tsaye a bakin titi da sabuwar riga, alhali kalma ɗaya ta isa ta hutar da shi.

Kafin matarsa Hajiya Rabi ta koma Sakkwato, ta aiko aka kira ni. Ta miƙo mini wani ƙunshi ta ce, "Ya ce a ba direba. Ya ce kai ka gani, kai za ka cike." Na kwance, sai ga fatar, ga basillarsa, ga jan zaren a jikin kwalinsa. Har yau ban san ko yafiya ce ya aiko mini ko tuni ba. Sanin da na yi masa, ina jin duka biyun ne, kuma yana dariya lokacin da ya faɗa.

Ban ɗinka ba, domin zuwa na yi, ban gani ba. Abin da na yi shi ne na koyi wasan, da tsufana, a waya, har na san dokokinsa. Bara na samu lambar kyaftin a ƙasarsu, ya turo mini bidiyon wasan ƙarshen nan da wani ya ɗauka. Na kalle shi ya fi a ƙirga. Yanzu zan iya ba da labarin tun daga jifan farko, ba tare da na tsallake komai ba.

Abin da ya rage na Alhaji Ɗanjuma ba shi da yawa. Bai bar gida ba, sunansa ba ya cikin kowace takarda a ƙasar da ya yi rabin rayuwarsa. Sai safofin da ya ɗinka, waɗanda ƙila suna cikin akwatunan wasu tsofaffi a Filifin, sai wannan fata mai layi goma da gurbi ɗaya. Allah ya jiƙansa, ya sa ya huta.

Alhaji, mai hagun ne ya yi jifa a zagaye na bakwai, ba su canza shi ba. Safar ta riƙe har ƙarshe, da ita ya cafke ƙwallon da ta kawo kofin. Kuma na gan ka a gaban gidan tamis. Na gan ka sarai.