Zauren Malam Don-Me

Damina ashirin da biyu ke nan ta zuba a kan kabarin yayana Tijjani, amma har yau in na bi ta gindin Goron Dutse da hantsi sai in ji kamar zan hango shi can sama, iska na kaɗa farar rigarsa, yara na biye da shi kamar 'yan tsaki. Bana ban yi niyyar rubuta komai a kansa ba. Abin da ya sa na ɗauki alƙalami shi ne wani Alhaji yana son sayen gidan da ya bari a Mandawari, ya mai da shi makarantar kuɗi, ya kuma sa mata sunan marigayin. 'Yarsa tilo, Hajara, ta ce mini, "Baffa, wuƙa da nama suna hannunka." Tun ranar ban sami sukuni ba.

Lokacin yaƙin basasa ina aji biyar, kuma a ajinsa. A gida Yaya ne, a makaranta Malam, in bakina ya suɓuce na sha harara. Mu dai a bayan idonsa Malam Don-Me muke ce masa, domin ba ka isa ka ba shi amsa ya ƙyale ka ba. Ka ce biyu da biyu huɗu, sai ya ce, "Don me?" Haushinsa muke ji ƙwarai. Sauran malamai su zuba maka karatu ka haɗiye ka huta, shi kuwa sai ya sa ka tauna.

Ranar Alhamis yakan kwashe mu mu hau dutsen. Daga can Kano takan kwanta a gabanmu ja-ja-wur, soraye sun jingina da juna, kududdufai na ƙyalli, shirwa na shawagi a ƙasanmu. Ba ya buɗe littafi. Sai ya ce mu nuna masa unguwannin da ke da famfo da waɗanda ba su da shi, mu nuna inda kwalta ta tsaya. In mun nuna, sai ya jefo tambayar tasa ya yi shiru. Gani ya kori ji. A can na fara gane ba ruwan sama ne ya ajiye abubuwa yadda suke ba, mutane ne.

Wata Alhamis muna sama sai jirgin yaƙi ya tashi ya yi kudu. Muka bi shi da ido har ya zama ɗigo. Sai Ɗanlami, ɗan wani mahauci a layinmu, ya ce, "Malam, yaran can inda jirgin zai je, su ma yanzu suna aji?"

A zamanin ba a irin wannan magana. Ga Sule a cikinmu, ubansa na bakin daga. Yaya ya daɗe yana kallon inda jirgin ya ɓace, sannan ya ce, "Ban sani ba, Ɗanlami. Ku me kuke gani?" Muka yi ta magana har rana ta take, wasu na zafi, wasu na kuka. Da za mu sauko ya sa muka roƙi Allah ya dawo da uban Sule lafiya, ya kuma tsare yaran can.

Zancen duniya ba ya ɓuya. Ba a rufa mako ba wani jami'i ya zo daga ofishin ilimi ya ce masa, "Malam Tijjani, an ɗauke ka ka koyar da abin da ke cikin littafi. Ko ka bar hawan dutse, ko ka bar aiki." Mahaifiyarmu ta roƙe shi har da hawaye. Da zango ya ƙare ya bar aikin, ya sayi keken ɗinki, ya kafa shi a zauren gidan nan. Da shi ya ci abinci har ya koma ga Allah. Da la'asar kuwa zauren yakan cika: 'ya'yan masu ga-ruwa, 'yan mata da farantan talla a gefe, har da magidanta masu jin kunyar a ce ba su iya karatu ba. Yana taka keke yana tambaya, bai taɓa karɓar ko sisi ba.

Hajara yanzu malama ce a jami'a, fannin ilimi. Ta ce mini masana sun rubuta tulin littattafai a kan irin wannan koyarwa, cewa ɗalibi ba tulu ba ne da za a yi ta ɗura wa ruwa, kuma in ilimi ya zama haja to talaka sai dai leƙe. Har suna gare ta mai tsawo da Turanci. Na yi dariya na ce ashe abin da ya ci aikin ubanki yau shi ake ba wa digiri.

Nakan ɗauko shi a raina in zaga da shi birnin yau. Mu bi ta Ƙofar Ɗan Agundi, ya ga allunan makarantu sun yi layi kamar masu tallan atamfa, kowace da hoton yaro sanye da ƙaramar kwat. Mu leƙa tsohuwar makarantarmu, ya ga yara zube a ƙasa, taga babu murfi. Ba na jin zai zagi kowa, ba halinsa ba ne. Zai dai tsaya ya yi ta kallo, ni kuma in sunkuyar da kai, don jikokina ma a ta kuɗin suke.

Alhajin mutumin kirki ne, da ya zo wurina ya durƙusa ya gaishe ni. Na tambaye shi ko yaran lungun za su shiga. Ya ce, "Baba, makaranta yanzu ai sana'a ce, malamai sai da albashi. Amma za mu yi musu rangwame." Gaskiyarsa ce, kuma gidan na bukatarsa: azara ta fara ruɓewa, katangar baya ta tsage, ban san ko za ta ga wata daminar ba. Sai dai da na lumshe ido na hango maigadi a ƙofar zauren, yana tare yaro yana tambayarsa rasit, sai na ji zuciyata ta ƙi. Na ba shi haƙuri.

Me ya rage na Yaya ke nan? Keken ya yi tsatsa, ɗalibansa sun tsufa, suna kuma na ƙi a rataya. Da baƙin ciki na kira Hajara na gaya mata na hana ta rabonta saboda zauren da babu kowa a ciki. Allah ya haskaka makwancin wanda ya haife ta, don da ta buɗe baki muryarsa na ji.

"Baffa, tunda ka hana sayarwa, sai ka nemo tabarmi. Ranar Asabar ina nan zuwa da alli."