Ƙanƙarar da Likita ta Bari a Firji

Likita ta rasu, jikata kuma ta fito da ƙafafunta. Na rasa wanda zan fara faɗa cikin biyun nan, shi ya sa na haɗa su tun kafin in yi wa kowa sallama. A gafarce ni. Assalamu alaikum. Allah ne Ya ba mu aronta, Ya kuma karɓi abinSa, kuma inda ta tafi can kowannenmu ya nufa.

Ranar Laraba, tara ga watan Afrilu, da hantsi, Allah Ya ɗauki ran likitar jini da ke duba jikata. A asibitin da take aiki ta cika, a hawan da ke ƙarƙashin ɗakin da yarinyar take kwance. Ba ta kai shekara hamsin ba. Ta bar mahaifiya da miji da 'ya'ya biyu.

Ni mai haɗa wayar lantarki ne. Sai da furfura ta fara fito min na shiga ajin yamma na manya na koyi karatu da rubutu, saboda haka wanda ya ga gargada ya yi haƙuri. Likita, da ke zan yi magana, domin ban samu na yi miki godiya ba.

Jikata shekararta goma sha uku, 'yar babbar 'yata ce. Ƙanƙara muke ce mata a gida, domin tun tana rarrafe babu abin da take yi wa kuka kamar ƙanƙara, kuma babu abin da muka fi hana ta kamarta. Da ciwon sikila aka haife ta, sanyi kaɗan yana tayar mata da shi. Wanda bai zauna da wannan ciwo a gida ba, ba zai gane irin zaman ba. Idan hadari ya haɗo, maƙwabta su fito da bokitai, mu kuwa mu rufe tagogi. Ni da nake gyara wa mutane fanka, ta ɗakinta ba ta taɓa juyawa ba. Ba mu amsa gayyatar kowa sai mun duba idonta. Wannan ciwo ya riga ya raba ni da ɗana, kawunta, yana saurayi. Tun daga lokacin, gidanmu ya zama kamar ɗakin jira: kowa a zaune da takalminsa a kusa, ana sauraren lokacin da za ta yi ƙara.

Ranar da aka tura mu wurinki, ana zafi, amma muka same ki da rigar sanyi, ga fulas ɗin ruwan ɗumi a kan tebur. Ƙanƙara ta ƙura wa idonki ido, ta ce, "Anti, ke ma irinmu ce ko?" Uwarta ta zungure ta. Kika yi dariya kika ce, "Irinku ce mana. Ai na riga ki shiga layin." Daga wannan rana yarinyar da ke ɓuya a bayana idan ta ga farar riga ta zama ita ke tashinmu mu tafi asibiti.

Da kika ga bayanin ya fi ƙarfina, kika tambaye ni sana'ata. Sai kika ajiye manyan kalmomi kika yi min magana da harshen aikina. Kika ce a cikin ƙwayoyin jikin mutum akwai wani siririn zare mai ɗauke da umarnin da ya gada daga iyaye, shi ake kira DNA. Jariri a ciki yana da wani irin jini da ba ya lanƙwashewa. Bayan haihuwa sai jiki ya kashe wannan layi ya koma kan layin manya, wanda a jikin Ƙanƙara shi ne mai matsalar. Tsohon layin yana nan lafiya lau, makunni kawai aka kashe. Za a ɗebi ƙwayoyin da ke haifar da jini daga jikinta, a kai su ɗakin bincike, a yanke ɗan wurin da ke danne makunnin, sannan a mayar mata da abinta. Kika ce, "Baba, ba na wani za mu sa mata ba. Nata ne."

Na ce miki ina tsoron kada ya zama katsalandan cikin halittar Allah. Ba ki yi fushi ba, ba ki kuma raina ni ba. Kika ce in je in tambayi malaman da na yarda da su, in yi tunani, ke ba za ki matsa min ba. Sannan kika faɗa mana har abin da ba mu so ji ba: kafin a mayar da ƙwayoyin sai an share tsohon ɓargonta da magani mai ƙarfi, gashinta zai zube, garkuwar jikinta za ta faɗi warwas, kuma maganin yana iya taɓa haihuwarta nan gaba. Ba ki rage komai don mu yarda ba. Wannan gaskiyar ce ta sa muka sa hannu.

Da na tambaye ki me ya hana a yi miki ke ma, kika juya murfin fulas ɗinki kika ce ciwon ya riga ya ci ƙodarki, ba za ta ɗauki maganin share ɓargo ba. "Aikin ya iso, Baba, amma ya same ni a makare." Haka kika faɗa, kamar mai ba da labarin wata.

Ɗakin da aka killace ta ƙofa biyu gare shi, da ɗan lungun wanke hannu a tsakani. Uwarta kaɗai ke shiga, cikin riga ta musamman. Ni rabona taga ce ta gilashi da ba ta buɗuwa, da kan waya a jikin bango, da benci. Makonni na yi a kan wannan benci. Na ga gashinta ya zube, na ga bakinta ya yi gyambo har ruwa ya gagare ta. Duk da haka idan na ɗaga wayar na ce, "Amaryata, an tashi lafiya?" sai ta shafa kanta ta ce, "Tsoho, yanzu dai sanƙonmu ɗaya, sai ka daina yi min yanga."

Kowace safiya kina zuwa. Akwai ranar da na hango ki daga ƙarshen baranda kina dafa bango, kina jan ƙafa irin jan da na sani a gidana. Kina kusa da gilashin sai kika saki bangon, kika miƙe, kika gyara fuska. Yarinyar ba ta ga komai ba. Ni na gani.

Da kika lura zaman yana cina, kika zo min da fitilar tebur daga gida, wai ta ƙi kamawa. Bayan kwana biyu kika kawo tukunyar dafa ruwa, daga baya rediyo. Ina gyarawa a kan benci ina jin ni ma ina da amfani a wannan gini. Sai bayan rasuwarki mijinki ya gaya min cewa da hannunki kike kwance wayoyin kafin ki fito.

Kin yi wa Ƙanƙara alkawari ina ji. Kika ce ranar fita ke za ki buɗe ƙofar da kanki, kuma ƙanƙara ce kyautarta. Wannan alkawari ta riƙe ta haɗiye abinci a ranakun da haɗiya ta zama azaba.

Sai aka wayi gari ba ki zo ba. Ciwon ya kama ki a ƙirji, aka kwantar da ke, kwanaki kaɗan Allah Ya yi ikonSa. Babbar nas ta ja ni gefe ta gaya min, ta roƙe mu kada a sanar da yarinyar sai jininta ya yi ƙarfi, domin idan ta daina cin abinci aikin zai koma baya. Na je aka yi miki sutura, na dawo na tsaya a gaban gilashi. Takunkumi ya rufe min baki, amma babu abin da ke rufe ido. Kullum tambayarta ɗaya: "Ina Anti?" Kullum amsata ɗaya: "Tana hutawa."

A cikin waɗannan kwanaki ne ƙaramin likitan da kika horar ya tare ni a baranda, idonsa jajir, ya ce ƙwayoyin sun kama, ɓargon ya fara yin sabon jini. Labarin da na yi shekara goma sha uku ina roƙon Allah in ji ke nan. Na so in yi ihu, amma duk ma'aikatan da ke wucewa makokinki suke yi. Na so in yi kuka, ga jikata tana kallona ta gilashi. Murna ta hana ni kuka, baƙin ciki ya hana ni murna. Na gangara matattakala na zauna ni kaɗai, ina dariya hawaye na zuba, ban san wanne ne na wa ba.

Ranar fita ta zo. Aka shirya Ƙanƙara, aka haɗa kaya, ta zauna a bakin gado ta ce ba inda za ta sai Anti ta zo ta buɗe. Uwarta ta lallasa, nas ta lallasa, ta ƙi. 'Yata ta ɗago ta dube ni ta gilashi. Na wanke hannu, aka sa min rigar, na shiga ɗakin a karo na farko. Na durƙusa a gabanta na ce, "Anti ba za ta zo ba. Allah Ya yi mata rasuwa."

Ta dube ni. Sannan ta ce, "Na sani, Tsoho. Tun ranar da ka daina ce min amarya na sani. So nake wani ya faɗa, don in samu in yi kuka." Ashe ni ina tsare da ita, ita ma tana tsare da ni. Muka yi kukanmu tare, mu uku.

A safiyar nan mijinki ya zo kwashe kayan ofishinki. Babbar nas ta buɗe masa ƙaramin firjin da ke ofishin ta nuna masa wata 'yar roba. Ta ce a gabanta kika tafasa ruwan don kada ya cutar da yarinyar, kika rufe, kika ajiye, kwana ɗaya kafin ki kwanta. Ya juye ƙanƙarar a fulas ɗinki, wanda bai taɓa ɗaukar komai ba sai ruwan ɗumi, ya hau bene. Shi ya buɗe ƙofar. Ya ce, "An aiko ni."

Ƙaramin likita ya yarda da guda ɗaya tak. Ta sa a baki, ta runtse ido, duk muna tsaye ba mai numfashi. Sai ta ce, "Au! Ashe ruwa ne kawai? A kan wannan na yi ta kuka?" Mijinki ya yi dariya har ya dafa bango. Ni kuwa gwiwoyinta da yatsunta nake kallo, ina jiran ƙarar da na saba. Har rana ta faɗi ƙarar ba ta zo ba. Har yau da nake wannan rubutu ba ta zo ba.

Likitoci sun ce kada in ce ta warke, za a yi shekaru ana bibiyarta. Na ji, na kuma kiyaye. Har yanzu ina barci da takalmina a kusa. Har yanzu Ƙanƙara tana cikin ɗakinta a gida, ba a yarda baƙi su shiga ba. Amma ta ƙara ƙiba, gashi ya fara tsirowa, idonta ya yi fari, kuma ta dawo da rashin kunyar da take yi min.

Likita, kin buɗe wa 'yar wani ƙofar da ke ba a ba ki ikon bi ba, kuma ban taɓa ganin ɗigon hassada a fuskarki ba. Allah Ya jiƙan ki, Ya gafarta miki. Ya sa ciwon da kika ɗauka tun daga haihuwa ya zama kankarar zunubi. Ya yalwata makwancinki, Ya haskaka shi, Ya saka miki da gidan da babu ciwo a cikinsa. Ina miƙa ta'aziyyata da ta iyalina ga mahaifiyarki, da mijinki, da 'ya'yanki, da abokan aikinki, da sauran marasa lafiyar da ke jiran layinsu. Allah Ya ba ku haƙuri, Ya raya abin da ta bari, Ya ba waɗanda ta horar ikon ci gaba. Idan tamu ta zo, Ya sa mu cika da imani.

Ina da roƙo ɗaya, musamman ga mahaifiyar Likita. Hajiya, idan zaman makoki ya lafa, a kawo ki gidanmu. 'Yan uwa da maƙwabta, ku ma ku zo, har da waɗanda muka yi shekaru muna ƙin amsa gayyatarsu. Ba za ku shiga ba tukuna, amma tagar ɗakinta tana kallon tsakar gida, na kuma ajiye benci a wurin. Jiya na hau kujera na haɗa wayar fankar ɗakin da hannuna. Ku zo ku ga tana juyawa, Ƙanƙara tana zaune a ƙarƙashinta.