Tamba na Gulma a Gaban Kyamara

Duk wanda ya ce maka Tamba na Gulma a makaranta ya koyi wasan kwaikwayo, to bai san Gulma ba. Manomin shinkafa ne ɗan manomin shinkafa, kuma a kalankuwa ya fara, wasan nan da samari kan yi bayan girbi su naɗa sarkinsu da alƙalinsu na wasa. Shi Tamba Baturen Di'o, jami'in mulki na zamanin Turawa, ya zaɓa. Sai ya shafe fuska da farar ƙasa, ya kifa ƙwarya a ka, ya soke sanda a hammata, ya fito yana Hausa ta hanci, yana tambayar wa ya ba awaki izinin yawo a gari. Tsofaffin da suka ga Di'on gaske da idonsu su suka fi kowa riƙe ciki don dariya. Shi kuwa bai taɓa tsayawa kusa da Bature ba, a wurin kakansa ya ɗauko tafiyar da muryar.

Daga nan malaman makaranta na Argungu masu ƙungiyar wasa suka janye shi. Lokacin Argungu da Birnin Kabi duk suna cikin jihar Sakkwato, hukuma kuma tana son a faɗakar da mutane kan rigakafi da takin zamani, sai a zuba ƙungiyar a mota a zaga da ita. Tamba ya yi alƙali, ya yi ɓarawon albasa, ya yi tsohuwa mai koko da zanen matarsa Laure, abin da ta daɗe ba ta yafe masa ba. Ba ya haddace magana, shi dai a gaya masa labarin a sake shi. Da ya shiga fili sai ya bi fuskokin jama'a da ido, ya tsinci mutum guda mai saurin dariya, ya riƙa jefa masa magana har filin ya kama. In wata ta yi masa tsawa daga cikin mata, ya samu abin da yake so ke nan, da maganarta zai gina sauran wasan.

A Ambursa wani saurayi mai suna Abdussamadu ya gan shi. Ɗan gidan malamai ne na Birnin Kabi, yana aikin shirya wasanni a gidan talabijin a Sakkwato. Ya ce yana da labarin wani baƙo mai suna Labbo, wanda ya sauka gidan mutane kwana ɗaya ya ƙi tafiya, kuma tunda yake nema bai ga Labbo ba sai yau.

Ranar tafiya Sakkwato, kai ka ce aikin hajji Tamba zai tafi. Gulma ta raka shi har bakin mota, har da kalangu. Goggo Inno, ƙanwar mahaifinsa, tsohuwar da ake jin dariyarta daga unguwa zuwa unguwa, ta ce ya gaida mata mutanen cikin akwatin talabijin.

Aka shigar da shi wani ɗaki mai sanyi, ba taga, fitilu suna dukansa a fuska. Aka ce kowa ya yi shiru. Ya ɗaga ido yana neman fuskar da zai jefa wa magana, ba kowa sai duhu da kyamara mai ido ɗaya tana kallonsa. Ya yi maganar da ta saba kayar da mutane, ko tari ba a yi ba. Mutumin da ya taɓa sa filin Argungu kaf ya miƙe tsaye, ga shi yana magana kamar wanda aka kama da kayan sata. Aka sake, aka kuma sakewa, abin sai ƙara lalacewa yake. Manajan gidan ya leƙo, ya duba, ya ja Abdussamadu gefe ya ce a nemi wani cikin 'yan wasan Sakkwato.

Tamba ya dawo gida ba kalangu. Ya ce wa mutane masassara ce ta kama shi, ya kuma daina bin tsakiyar gari. Zuwa fadama ta bayan gari, dawowa ta bayan gari, don kada wani ya tambaye shi yaushe za a gan shi a akwati. Kunya ta ci shi ƙwarai, kuma abin da ya fi ƙona masa rai shi ne bai san abin da ya same shi ba.

Laure ce ta gano. Ta bar shi ya gama ba ta labarin ɗakin, sannan ta ajiye masa akushi ta ce, "Malam, ba masassara ba ce. Kai da ko tuwo ba ka iya ci kai ɗai, ina kai ina wasa kai ɗai?"

Abdussamadu kuwa bai haƙura ba. Ya roƙi manaja har ya yarda a gwada sau ɗaya tak, a wani gida a Argungu, in bai yi ba shi ke nan, a ba wani matsayin Labbo. Da ya zo Gulma da saƙon, Laure ta aika masa daga cikin gida cewa a bar mutane su zauna a bayan kyamara. Ya ce ya yarda, amma da sharaɗi: ba dariya, ba magana, ba tari, don na'urar tana kwashe komai. Kafin la'asar Laure ta zaga gidajen dangi da maƙwabta. Washegari akori-kura ta cika da mutanen Gulma, Goggo Inno a gidan gaba.

Aka shimfiɗa musu tabarmi a tsakar gidan, bayan mai ɗaukar hoto. Mata suka cusa bakin mayafi a baki tun ba a fara ba. Riskuwa, wani malamin makaranta da zai yi maigidan da baƙo ya addaba, ya zauna a kujera. Abdussamadu ya ɗaga hannu. Tamba ya fito daga zaure da ƙunshin kaya a ka da buta a hannu, ya ɗaga murya ya yi sallama.

Gaba ɗaya tsakar gidan, maza da mata, suka amsa masa.

Abdussamadu ya ce a tsaya. Ya tuna musu sharaɗi, suka ba shi haƙuri, suka ce mantuwa ce. Aka sake. Tamba ya yi sallama, suka kuma amsawa, wannan karon har da wani dattijo da ya ƙara da tambayar gajiya. Mai kula da sauti ya cire abin kunnensa ya dafe kai. Rana tana yin ƙasa, kaset ɗin da suka zo da shi ba shi da yawa, kuma kowa a wurin ya san in ya ƙare Tamba ya ƙare.

Abdussamadu ya zo ya durƙusa gaban Goggo Inno, don ya lura ita ke jan sauran. Ta riga shi magana.

"Ɗana, Musulmi shi yi sallama ina ji, in yi kurum? Ba da ni ba."

To, ɗan malamai ne, sai ya bi ta hanyar da ya sani. Ya yi mata bayani a hankali cewa in an yi wa jama'a sallama mutum guda ya amsa, ya ɗauke wa sauran. Ga Malam Riskuwa nan zai amsa, kowa ya huta. Goggo ta saurare shi har ƙarshe tana gyaɗa kai, ta ce ta gamsu, Allah ya ƙara sani.

Aka sake na uku. Tamba ya yi sallama. Mutanen Gulma suka danne bakinsu, har ana ganin wuyansu yana motsi. Riskuwa ya buɗe baki ke nan, sai muryar Goggo ta tashi ita kaɗai, tas, ta amsa sallamar har da rahama da albarka. Ashe ita abin da ta fahimta, ita ce mutum gudan.

Hannun Abdussamadu ya tashi zai tsayar da aiki. Amma Tamba ya riga shi. Tun amsawar farko jininsa ya dawo jikinsa, yanzu kuwa ya samu abin da ya saba. Bai fita daga Labbo ba. Ya sauke ƙunshin kayansa a hankali, ya juya wajen da muryar ta fito, ya washe baki.

"Ashe gidan ga akwai maƙwabta na kirki. Maigida, kwantar da hankalinka, in na gama da kai na san inda zan koma."

Mayafai suka faɗo daga bakuna. Dariya ta ɓarke har tantabarun gidan suka tashi. Riskuwa ya kifa kai a gwiwa, mai ɗaukar hoto yana fama da kafaɗunsa kada hoto ya girgiza. Abdussamadu ya dubi hannunsa da ke sama, ya dubi Tamba, sai ya sauke hannun ya soka a aljihu. Tamba ya yi ta zuba wasa, yana cinye tuwon maigida yana kushe miyar, yana neman shaida a wurin maƙwabta, su kuwa suna ba shi. Ba a tsaya ba sai da kaset ya ƙare.

Abdussamadu ya tafi Sakkwato da kaset ɗin bai yi alkawarin komai ba, don mai kula da sauti ya rantse ba a taɓa watsa irin wannan hayaniya ba. Tamba ya koma fadama, ya ci gaba da bin bayan gari.

Shekarun da suka biyo baya, kowa a ƙasar Kabi ya san su. Labbo ya daɗe a talabijin, ya sauka gidajen alƙalai da 'yan kasuwa da masunta ya ƙi tashi, kuma ba a taɓa ɗaukarsa ba sai da tabarmi cike a bayan kyamara. Tamba ya fito a wasu wasannin, har da na majigi da aka riƙa haskawa a ƙauyuka, bai kuma bar noman shinkafa ba. Goggo Inno har ta koma ga Allah tana cewa ita ta yi wasan, Tamba taya ta ya yi, shi kuma bai taɓa musa mata ba.

Amma duk wannan daga baya ne. A lokacin, Tamba yana tsakiyar yankan shinkafa ya ji ƙarar babur a kan gaɓa. Abdussamadu ne, ya tuɓe takalmi ya shigo cikin laka da wandonsa na ofis. Ya ce manaja ya kalla, ya yi dariya har ya aika a kira masinja da direbobi su zo su gani. Manajan ya ce a ci gaba, kuma kada a kuskura a ɗauka ba maƙwabta.

Tamba ya zauna a kan damin shinkafa, hawaye suna zubo masa, bai ɓoye ba. Da ya natsu ya wanke ƙafa, ya rataya lauje a kafaɗa. Ranar kasuwar Gulma ce, ta cika maƙil. Ta tsakiyarta ya bi ya tafi gida, yana tsayawa rumfa rumfa yana gaisawa da mutane.