Na Kai Gwaggo Wurin Takwararta

Ana sallame sallar asuba muka tashi daga Sabo, unguwar Hausawan Ibadan, ni da Gwaggo, ƙanwar mahaifina, wadda ta raine ni tun ina rarrafe. Kun san ni ba mutumin yawon buɗe ido ba ne. A Ibadan aka haife ni, nan na girma, amma in ka cire shagona na gyaran waya da Bodija da Ojoo, to sai a hankali. Gwaggo ce ta tayar da ni. Wata biyu da suka wuce likita ya ce hawan jinin ido ya cinye mata na hagu, na daman ma saura ƙiris, kuma abin da ya tafi ba ya dawowa. Da muka fito daga asibiti ko hawaye ba ta yi ba. Cewa ta yi, "Kafin fitilar ta mutu, ka kai ni in ga kabarin takwarata."

Bari in warware muku. Sunan Gwaggo Bilkisu. Marigayi mijinta, da muke ce wa Malam, goro yake sarowa a ƙauyukan Ijebu. Tun suna sabon aure ya zo mata da labarin wani ƙauye, Oke-Eri, inda mutanen wurin suka ce nan aka binne Bilkisu ta Annabi Sulaiman. Ya ce ya shiga ya gani da idonsa, kuma zai kai ta. Daga nan aka shiga "sai kakar goro ta wuce", "sai an gyara hanya", "sai baɗi in Allah ya kai mu". Shekara talatin da ɗoriya ana haka, har Allah ya karɓi abinsa. Kullum tana yi masa addu'a, amma wannan ɗaya ta riƙe shi da ita. In an ambace shi sai ta ce, "Mutumin kirki ne, amma ya tafi da alkawarina."

To sai ga wata sanarwa ta faɗo mini a waya: wani saurayi Bayarabe yana haɗa mutum takwas zuwa goma, ya kai su tsofaffin wurare a wuni ɗaya, da mota da abinci da bayani. Na ga Oke-Eri a ciki, na duba kuɗi, na duba lokaci, na tura na mutum biyu. Ku riƙe wannan: kuɗi da lokaci kaɗai na duba.

A Mokola muka tarar da ƙaramar bas ɗin. Mu tara ne har da jagoran. Akwai ɗalibai da kyamarori, da wata mata ta irin cocin nan masu fararen kaya, ba ko takalmi a ƙafarta. Gwaggo kuwa ta ci ado kamar mai zuwa biki. Ta ɗauko atamfar da Malam ya saya mata, wadda ta fi ni shekaru, ta sha lalle, ta ɗaure goro fari guda bakwai a ganye, wai ba a zuwa wa sarauniya hannu rabbana.

Mun bi ta Challenge muka ɗauki hanyar Ijebu-Ode. Ana barin gari daji ya rufe mu, kore shar, bishiyoyi har suna haɗa kai a saman titi. Hanyar wani wuri sumul, wani wuri kuma rami ne da in taya ta faɗa sai ka ambaci sunan Allah ba shiri. A wani ƙauye muka tsaya karin kumallo. Aka kawo mana ikokore, wato faten doyar ruwa da manja da busasshen kifi. Na ci na suɗe kwano. Gwaggo ta ɗanɗana ta ce wannan ai ɗanwake ne da ya ɓata hanya. Garin kwakin Ijebu kuwa, wanda nake saye a Bodija ina taƙama, ashe jikansa nake sha. Na jiƙa na wurin, kurɓa ɗaya na ji tsamin har cikin kunnena. Ga araha, kusan rabin kuɗin Ibadan, sai da na cika leda biyu.

Wajen ƙarfe goma muka sauka daga titi, muka bi wata siririyar hanya a ƙafa cikin gonakin rogo. Jagoran ya ce za mu fara da ganuwa, su suna ce mata Eredo. Ni da na ji ganuwa sai nake ta ɗaga kai ina neman gini irin na Kano. Kawai sai ya ce mu tsaya, mu dubi ƙasa.

Innalillahi! Jama'a, ƙasa ce ta tsage a gabanmu. Rami ne wanda aka haƙa da hannu, bangonsa a miƙe kamar an yanka da wuƙa, zurfinsa ya fi bene mai hawa ɗaya, kuma ya miƙe dama da hagu ya shige daji ba ka ganin ƙarshensa. Jagoran ya ce haka ya zagaye ƙasar Ijebu gaba ɗaya. Na riƙe baki. Mutanenmu sun ɗaga tasu ganuwar sama, waɗannan kuma sun nutsa tasu ƙasa, ba tirakta, ba komai. Abin da ya fi ɗaure mini kai shi ne, duk rayuwata wannan abu yana nan tafiyar awa biyu daga ƙofar gidanmu, kuma ko a makaranta ban taɓa jin sunansa ba.

Akwai inda bangon ya zube ya yi gangara, ta nan muka sauka, ina riƙe da Gwaggo taku ɗaya ɗaya. Ciki sanyi kamar randa, ga duhu-duhu, ga warin danshi, bangon duk gansakuka. A nan jagoran ya ba da labari. Ya ce mutanen wurin sun gaji cewa wata attajira ce, mijinta ya mutu, ba ta taɓa haihuwa ba, sai ta sa aka haƙa wannan don kada a manta da ita. Wasu suka ce ita ce Bilkisun da ke cikin littattafai, masana kuma suka ce zamanin bai haɗu ba ko kusa. Ni dai Allah ne masani. Amma da na fassara wa Gwaggo maganar rashin haihuwar sai ta matsa jikin bangon, don ita ma Allah bai ba ta ba. Ta ɗora tafin hannunta a bangon, ta daɗe ba ta ɗauke ba, har ɗaliban suka gama hotunansu.

Daga nan sai kabarin. Fili ne a cikin itatuwa, an kewaye shi, da ƙofar ƙarfe, da wani dattijo mai tsaro a zaune. Nan ma na sha mamaki. Ga masu hula da carbi, ga masu giciye a wuya, ga masu farin ƙyalle na gargajiya, kowa da buƙatarsa a wuri ɗaya, ba mai hararar wani. Aka ce a cire takalma. Gwaggo ta riga kowa cirewa, ta gyara mayafi, ta kama hannuna. Muna kaiwa bakin ƙofa dattijon ya miƙe ya tare da sandarsa.

Da Yarabanci ya yi magana, cikin ladabi. Ya ce, "Mama ta tsaya nan. Mace ba ta shiga. Mace da kare, ewo ne." Ewo a wurinsu shi ne abin da al'ada ta haramta.

Wallahi sai da na ji kamar an kwaɗa mini guduma. Kabarin mace, kuma mace ba ta shiga? Na juya kan jagoran da masifa, ya ce, "Oga, ai na rubuta." Na zaro waya na buɗe sanarwar. Ga shi nan ɓaro-ɓaro a layin ƙarshe, ƙarƙashin kuɗin da na tsaya a kai. Ni da nake karanta ƙananan rubutun cikin waya kullum don neman abinci, layi ɗaya ya gagare ni.

Na roƙi dattijon nan kamar zan kwanta. Na ce sunanta ɗaya da mai kabarin, na ce idonta ke tafiya, na ce tsohuwa ce ta wuce duk abin da ake gudu. Na sa hannu a aljihu, ya girgiza kai tun kafin in fito da shi. Ya ce uwar da ta haife shi a ƙauyen nan ta tsufa ta mutu ba ta taɓa taka ciki ba, kuma ba shi ya kafa dokar ba balle ya cire. Na so in ji haushinsa, amma na ga shi ma idonsa ya kaɗa.

Saura gaya wa Gwaggo. Ashe ba sai na fassara ba, shekarunta a Sabo sun ishe ta jin wannan. Matar cocin nan, wadda ta san dokar tun daga gida kuma ta zo yin addu'arta daga waje, ita ta kama ta ta zaunar a kan benci. Na tsuguna ina jiran faɗa, don Gwaggo ba ta barin ta kwana. Faɗan bai zo ba. Can sai ta tambaya, a hankali, "Tun yaushe dokar take?" Dattijon ya ce tun kakannin kakanninsa.

"Ashe Malam ya sani," in ji ta. Ta sake cewa, "Ashe ya sani. Kakar goro, gyaran hanya... Ya rasa bakin da zai ce mini an haɗa ni da kare ne." Sai ga hawaye a idon da likita ya ce ya mutu da wanda ya rage, duka biyun.

Ta share fuska ta ce in tashi in shiga, in kalla da kyau, kada in ƙara kada in rage. Na shiga. Jama'a, babu komai. Ba dutse mai ƙyalli, ba rubutu, ba ado. Ƙasa ce kawai a share, ga daji ya kewaye ta ko'ina amma ko tsinken ciyawa babu a kanta. Na tsaya na yi wa matattu addu'a yadda aka koya mana, na fito na gaya mata haka. Ta gyaɗa kai ta ce, "Haka Malam ya ce. Bai ƙara ko kalma ba." Ta kwance goron nan ta ba dattijon uku, ta ba matar cocin ɗaya, ta mayar da uku cikin ganye.

A hanyar dawowa ɗalibai suna ta surutu har muka iso gari. Mun shigo Sabo ana kiran magariba, masu tsire sun fara hura wuta. In kuna son jin abin da na koyo, na farko dai ku karanta sanarwa har ƙasa kafin ku ɗauki tsohuwa ku kai ta ko'ina. Na biyu, ku je ku ga ramin nan, ko ba don kowa ba. Na uku ban gama tauna shi ba, don ni ma shekara da shekaru ina taya Gwaggo ganin laifin mutumin da ya zaɓi a kira shi mai saɓa alkawari a kan ya ga ranta ya ɓaci.

A ƙofar gida ta damƙa mini sauran goron uku. Ta ce, "Ka san mu mata ba ma shiga maƙabarta. Kabari biyu ke nan aka hana ni, nata da nasa. Gobe in ka yi asuba ka je wurin Malam, ka ba masu gadi wannan sadaka. Ka yi masa addu'a, ka ce na je, na gano, na sauke masa."

Na je da safe. Ciyawa ta rufe nasa, sai da na nemi aron fartanya.