Saniyar da Ba Ta Tuƙa

Saniya ɗaya Inna take da ita a gidanmu na Gadarif, da nonon saniyar take cefane tun rasuwar Baba. Wata safiya bayan girbin dawa saniyar ta ware kanta, ta tsaya jikin danga, kai a ƙasa, baki shiru.

"Ta daina tuƙa," in ji Inna. "Abin a tumbi yake."

Yayana ne ya ɗauko daktor na dabbobi. Yaya kuwa shekara shida ya yi a Khartum, ya dawo da tabarau da Hausa rabi-rabi. Shi kuma daktor, tirƙashi! Farin takalmi ya sako zuwa garke, yana ɗaga ƙafa kamar kaza a taɓo. Ko wuyan saniyar bai shafa ba.

Larabcin Inna na kasuwa ne, babu kalmar tuƙa a ciki, ni ma ban san ta ba. Sai ta ce wa Yaya, "Gaya masa kwana biyu ba ta tuƙa."

Gogan naku ya gyara tabarau, ya ce wa daktor da Larabci wai Hajja ta ce saniyar ba ta tuƙa mota.

Daktor ya kwashe da dariya har da riƙe ciki. "Ya Hajja, lasin ɗinta ne ya ƙare?"

Na ce, "Yaya, tauna take nufi, abin da suke dawo da shi baki su sake taunawa." Ya daka mini tsawa, wai in yi shiru maza na magana. Maza! Ɗaya bai san harshen uwarsa ba, ɗaya yana tsoron kashin shanu. Wallahi har yau in na tuna sai na yi tsaki.

Daktor ya tsira wa saniyar allurar zazzaɓi, ya goge hannu, ya hau motarsa. Kwana uku bayan haka ta kwanta, muka kira mahauci kafin ta zama mushe. Da ya farke tumbin sai ga dunƙulen igiyar ɗinkin buhu, ya kai girman tulu. Ya ce da an gane da wuri, daktocin kirki na yanka ciki su fitar.

Inna ba ta yi kuka ba, ba ta zagi kowa ba. Da Yaya ya zo da yamma ya durƙusa ya ce, "Inna, sannu," ta dube shi ta amsa da guntun Larabcinta na kasuwa, ta ce a kawo wa baƙo shayi. Har ta koma ga Allah ba ta ƙara yi masa Hausa ba.