Cokalin da Aka Miƙa wa Wasta Subhan

Subhan ɗan unguwar masu girkin biki ne a tsohon garin Srinagar. Ubansa kuku, kakansa kuku. Shi ma tun bai iya ɗaura wando da kyau ba aka zaunar da shi gaban dutse, aka miƙa masa gudumar itace ya daka nama. Ya yi wankin tukwanen tagulla, ya yi hura wuta, ya yi dakon tire, sai da furfura ta fara fito masa kafin a kira shi Wasta, wato shugaban masu girki.

Wasta kuwa da gushtaba ake saninsa. Naman rago ne ake dakawa da ɗuminsa, ana tsince jijiyoyi da yatsa, ana tsoma hannu a ruwan sanyi, har ya yi laushi kamar ƙullu, sannan a cura shi a dafa cikin romon kindirmo. Ita ke rufe walima, kuma Wasta da kansa yake fitowa da tukunyar ya zuba wa baƙi. Ranar da wani ya fito da ita a madadinka, an sauke ka ke nan, ko ba a faɗa ba.

Mataimakinsa Jabbar ne, ƙanin matarsa Zuna. Subhan ne ya ɗauko shi daga tashar mota inda yake gararamba, ya koya masa riƙon wuƙa, ya yi masa aure. Jabbar akwai daɗin baki. Ko atishawa Subhan ya yi, sai ya ce, “Wayyo Yaya, da ma ni ta kama.” A biki mutum huɗu ke cin tire ɗaya, har masu girki idan baƙi sun watse. Tiren Subhan shekara da shekaru bai canza ba: shi, da Jabbar, da tsoho Rustum mai yanka, da Halik mai wuta.

Ciwon ya zo ne da zafin bazara, daidai lokacin da bukukuwa suka yi yawa. Wasu ƙananan ƙuraje ne masu ruwa suka fito a gefen yatsunsa, can cikin fata, kamar ƙwayar gero. Ƙaiƙayi kamar ya cire yatsun ya yar. Daga nan suka bazu tafin hannu, suka sauka tafin ƙafa, suka haɗu suka yi bororo. Idan sun fashe fatar ta saɓe, ta tsage, gishiri da barkono su shiga. Zuna ta ƙunsa masa lalle, ta shafa masa mai, ba sauƙi. Da ta matsa, ya je wajen likitan fata.

Likita ya ce ba kuturta ba ce, ba ƙazuwa ba ce, kuma ba a ɗauka ko an ci abinci tare. Fatar ce ta gaji da ruwa da gumi da zafi. Ya rubuta man shafawa, ya ce a rage jiƙa hannu, a riƙa sa safar hannu.

“Likita, ai da safa ba a jin jijiya,” in ji Subhan.

“To, ka samu mai ji maka.”

Jabbar ne mutumin farko da Subhan ya gaya wa, a bayan rumfar girki, ya kwance ƙyallen da ya naɗe hannun da shi ya nuna masa. Jabbar har da ƙwalla.

“Haba Yaya, ina raye ka wahala? Hannuna hannunka ne. Ni zan daka, ni zan cura. Kai dai ka ɗanɗana, ka sa kayan ƙamshi, ka fito da tukunyarka kamar kullum. Maganar nan ta mutu a nan.”

Haka aka yi ta yi. Subhan yana naɗe hannu da farin ƙyalle, yana riƙe ludayi. Rustum ma ya samu abin tsokana.

“Wasta, wannan ƙunshi haka, ko kai ne amaryar ba a gaya mana ba?”

“Da ni ce amaryar, tsoho, ai da kai ba ka samu katin gayyata ba.”

Sai aka zo walimar ɗan Haji Makbul mai gonakin tuffa, babban biki, irin wanda duk gari ke zuwa ya ga wanda ya yi girki. Bayan azahar an gama kai sauran kalolin abinci, gushtaba ta nuna, Subhan ya miƙa hannu zai ɗauki ludayi. Sai ga Haji da kansa a rumfar girki. Ya kama shi ta hannun riga, ya ja shi gefe.

“Wasta, zo ka zauna ka sha shayi. Ka gaji.”

“Haji, gushtaba ba ta jira.”

“Jabbar zai kai.”

“Jabbar?”

“Ai ya zo ya yi mini bayani tun makon jiya. Bawan Allah, yana faɗa yana kuka. Ya ce kai ubansa ne, amma amana ta fi ƙarfinsa, ciwon nan ana ɗauka, ga baƙi masu daraja.”

“Likita ya ce ba a ɗauka.”

“Haka ne, haka ne. Allah ya ba da lafiya.” Idon Haji dai yana kan ƙyallen.

Subhan ya waiga. Jabbar ya riga ya ɗauki tukunyar, yana sanye da sabuwar farar riga, da karin gugarta. Da safe ba ita ce a jikinsa ba. Riga ba ta ɗinkuwa a yini ɗaya lokacin bukukuwa, Subhan ya san wannan.

Da baƙi suka watse, aka zagaya da buta da tasa na wanke hannu, masu girki suka zauna huɗu-huɗu. Subhan ya nufi wurinsa, ya tarar an zaunar da wani ɗan'uwan matar Jabbar a kai. Can gefe an ajiye faranti ɗaya, shinkafa da nama, da cokali a kai. Tun da yake, bai taɓa ganin an miƙa wa babba cokali a walima ba.

“Yaya, don hannunka ne,” in ji Jabbar a tausashe. “Kada yaji ya shiga.”

“Shekaranjiya da wane hannun na ci tare da ku?”

Halik ya sunkuya yana tura shinkafa. Subhan ya dubi Rustum.

“Tsoho, kai ma?”

Rustum bai ɗago ba. “Wasta, akwai biki jibi, kuma Jabbar aka kira. Ina da iyali.”

Subhan bai taɓa farantin ba. Ya taka har gida a ƙasa, kowane taku kamar a kan ƙaya.

Magana ta zaga gari. Masu biki suka koma ƙofar Jabbar. Subhan ya kama sayar da itacen girki a bakin gada, aikin da babu ruwa a cikinsa. Kafin ganye ya gama zuba ƙurajen sun bushe, kafin dusar ƙanƙara ta narke sabuwar fata ta rufe tafinsa. Ya riƙa duba hannun yana ce wa Zuna, “Tsoro ne ya sa shi. Bari ya zo ya gani da idonsa, zai dawo mini da ludayina.”

Jabbar bai zo ba sai ranar ƙaramar sallah, da ledar kayan zaƙi, ya yi ƙiba.

“Yaya! Wallahi kullum kana raina. Duk inda na yi girki sunanka nake kira. Wa muke da shi in ba kai ba?”

Subhan ya tashi tsaye. Ya miƙa masa hannun dama, a buɗe, babu ƙyalle, babu ko tabo. Jabbar ya dubi hannun. Ya gani sarai. Sai ya ɗora nasa a ƙirji, ya ɗan rusuna.

“Allah ya ƙara sauƙi, Yaya. A ci gaba da shan magani, irin ciwon nan yana ɓuya.”

A nan Subhan ya gane tsoro ba shi ne matsalar ba. Ranar da Jabbar ya kama hannun nan, dole ya saki tukunyar. Subhan bai janye ba, ya bar hannun a miƙe har sai da Zuna ta fito daga kicin da shayi ta gani. Ta ajiye butar a ƙasa, ta ɗauki ledar ta tura wa ƙaninta a ƙirji.

“Tashi ka tafi, Jabbar, kafin ka ɗauki wani abu a gidan nan.”

Washegari Subhan ya koma bakin gada. Yana can har yau, kuma da hannu yake cin abincinsa, shi kaɗai.